Takin Gargajiya a Tarihin Noman Ƙasar Hausa

A yau an wayi gari masana aikin gona suna kira da a koma ga noman da ba ya dogara da sinadaran masana'anta, domin ƙasa ta ci gaba da ciyar da mu da kuma waɗanda za su zo bayanmu. Manufarmu a nan ita ce mu nuna cewa irin wannan noma ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa, sa'annan mu dubi yadda aka yi ya ja baya.

A ƙasashen Turai, ana danganta wannan yunƙuri da Albert Howard, wanda ya yi nazarin haɗa taki daga shara da kashin dabbobi a Indore ta ƙasar Indiya tsakanin 1924 da 1931. To amma tun kafin wannan lokaci manoman kewayen Kano ke noma gona ɗaya shekara da shekaru ba tare da barin ta saura ba. Nazarin da Michael Mortimore ya yi a shekarun 1960 ya nuna yadda al'amarin yake. Da rani jakuna kan shigo birni da itace da hatsi, su koma ƙauye da mangalar takin bola. A gida kuwa, ana ɗaure awaki da tumaki da damina, a tara kashinsu da toka, a kai gona kafin shuka. Haka kuma manomi kan gayyaci Fulani su yi mashekari a gonarsa bayan girbi, shanu su ci karmami, su bar masa taki.

Ba taki kaɗai ba ne sirrin. Manomi kan surka gero da dawa da wake ko gyaɗa, waɗanda saiwoyinsu ke ƙara wa ƙasa ƙarfi, harawarsu kuma ta ciyar da dabbobin da ke ba da takin. Ga kuma gawo, itacen da ke zubar da ganye da damina, don haka ba ya hana shuka samun rana.

Sauyi ya zo ne da arzikin man fetur. Shirin ciyar da ƙasa na gwamnatin Obasanjo a 1976, da shirin bunƙasa noma na gwamnatin Shagari a 1980, sun yaɗa takin zamani bisa rangwame mai yawa. Amfanin gona ya ƙaru, amma manoma da dama suka yi sakaci da juji. Da aka shiga matsin tattalin arziki daga 1986, rangwamen ya riƙa tangal-tangal, takin ya yi tsada. Irin wannan tsada ta sake kunno kai a 2022, sakamakon yaƙin Rasha da Yukiren.

Maƙwabtanmu na Nijar sun ba mu darasi. Bayan farin 1984, manoman yankin Maraɗi suka rungumi dabarar raino da sassabe tohon kututturan itatuwa a gonakinsu maimakon tumɓuke su. An ƙiyasta cewa ta haka aka farfaɗo da fili mai faɗin kimanin hekta miliyan 5.

Duk da haka, bai kamata mu ruɗi kanmu ba. Jama'a ta ninka, gonaki sun tsuke, takin dabbobi ba ya isar kowa, bolar birni kuwa yanzu cike take da leda da batura. Saboda haka ba cewa muke a yi watsi da takin zamani baki ɗaya ba. Abin da tarihi ya nuna mana shi ne, takin zamani shuka yake ciyarwa, na gargajiya kuwa ƙasar yake rayawa, ya sa ta riƙe danshi. Manomin da ya haɗa su biyu, ya kuma bar gawo a gonarsa, shi ne zai bar wa 'ya'yansa gonar da za ta ci gaba da haihuwa.