Mustafa Alasan: Bakaniken Da Ya Koma Mai Shirya Fim

'Yan'uwa, yawancinmu nan Panda in an ce fim sai mu tuna Kano da Turmin Danya na 1990. To, shekara 28 kafin nan wani mutumin Nijar ya riga ya fara. Shi ne Mustafa Alasan, wanda aka haifa a 1942. Kanikanci ya fara koya, sannan ya haɗu da Bafaranshen nan Jean Rouch a Yamai. Daga baya ya je Kanada ya koyo zane mai motsi wajen Norman McLaren.

Fim ɗinsa na farko shi ne Aure, a 1962. A 1966 ya yi Bon Voyage Sim, inda ya zana kwaɗo shugaban ƙasa ya tafi ziyarar aiki, don ya yi wa masu mulki shaguɓe. A shekarar dai ya fitar da wani kan saurayin da ya dawo daga Amurka da tsarabar kayan kaboyi. Abokansa suka sa, suka hau dawaki, suka addabi ƙauyensu. Mu da muka baro gida neman abinci, sai mu duba irin tsarabar da muke kai wa yara.

Malam Mustafa bai raina kayan aiki ba. Da hannunsa yake zane, shi yake ƙera 'yartsana. A Tawa ya zauna, ya buɗe masaukin baƙi, a ciki yake aikinsa. Ya rasu a Wagadugu a 2015. Allah Ya jiƙansa, amin.