Wa zai tsare wanda ya kai ƙara?

Bara, a wani ƙauye na gundumar Gidan Rumji, uban wata ɗalibata ya tare ni bayan an tashi daga lakwal. Sau uku ana kiransa ta salula, ana cewa ya tanadi kuɗi ko a zo a ɗauke shi da dare. Ya ce, "Mushe, kai da ka yi karatu, alƙali yana iya sa jandarma su kwana a ƙofar gidana?"

Tsohuwar tambaya ce a ƙasar nan. Lokacin da Gobirawa suka kafa Tsibiri bayan yaƙin Gawakuke na 1836, wanda ake farautar ransa fada yake nufa. In sarki ya karɓe shi amana, dogarai sun isa, sai dai mai uwa a gindin murhu ya fi samun wannan gata. Faransawa suka zo da gardawansu, waɗanda haraji da aikin tilas suka fi damu da su, ba tsaron talaka ba. A 1960 muka gaji tsarinsu: ƴan sanda a birni, jandarma a karkara, alƙali a nesa.

Wadda ta gwada wannan tsari har ƙarshensa ba daga nan take ba, daga yankin Ƙonni take, yamma da mu. An sayar da Hadizatu Mani a 1996, tana da shekara 12. Dokar 2003 ta mai da bauta babban laifi, kuma a 2005 ubangijinta ya ba ta takardar ƴanci, amma ya hana ta tafiya, wai matarsa ce. Ta kai ƙara Ƙonni. Kotun farko ta ba ta gaskiya, ta sama ta soke hukuncin. Da ta auri wanda take so, ita aka ɗaure, wai ta yi aure kan aure. Wannan wurin nake so malamai su tsaya a kai in suna koyar da tarbiyyar ɗan ƙasa: mai neman kariya ce ta kwana a gidan kaso.

Da taimakon ƙungiyar Timidria ta kai maganar kotun CEDEAO. Ranar 27 ga Oktoba 2008 kotun ta ce gwamnatin Nijar ta kasa kare ta, ta biya ta sefa miliyan 10. Wato rashin tsare mutum ma laifi ne da ake iya tuhumar hukuma a kansa. Nijar dai ta fice daga CEDEAO a Janairun 2025.

Na gaya wa baƙona abin da na sani: barazanar kisa laifi ce a dokarmu, ya kai ƙara wurin jandarma ko mai gabatar da ƙara, ya ajiye lambar da ta kira shi, ya sanar da mai gari. Duk ya yi. Bayan sati biyu kuma ya kwashe iyalinsa zuwa wurin ƙanensa a Gazawa. Yarinyar ita ce ta uku a ajina, har yanzu ban cire sunanta daga rajista ba.