Ayashe, 'Yar Wabi

Wanda duk ya zauna a garuruwan gabashin Sakkwato, na bakin gulbin Rima kamar Wurno da Goronyo da Giyawa, ko na bakin gulbin Sakkwato kamar Rabah, ya kuma saba shiga gidaje gaida tsofaffi, ba zai rasa jin wani suna ba wanda yau ya kusa fita daga bakin mutane, har ma in ka ji an kira shi ba sai ka waiga neman yarinya mai talla ba, nemi tsohuwa mai furfura wadda ke zaune bisa tabarma tana jan tasbaha. Sunan shi ne Ayashe. Baƙo yakan ɗauka lanƙwasa ce ta A'ishatu, irin yadda ake mai da Hauwa'u Kulu ko Zainabu Abu, alhali kuwa babu nasaba tsakaninsu ta wajen asali ko kaɗan, don shi wannan Hausa ce tsantsa, kuma ma'anarsa, in an bi zahirin lafazi, tana daga cikin mafi munin abin da za a iya faɗa wa jaririya.

Jimla ce aka dunƙule ta zama suna: a yashe ta, wato a yar da ita, a jefar. Fi'ilin nan shi ne wanda muke cewa yasasshen gida da shi, gidan da masu shi suka tashi suka bar wa jemagu. Yana da 'yan'uwa da yawa, kuma in mutum ya lura zai ga ba duka suke magana da murya ɗaya ba. Ajefas da Ajuji tafiyarsu ɗaya da Ayashe, suna nuna ƙi da wulaƙanci. Bawa da Baiwa suna cewa yaron ba ɗan gida ba ne, dukiyar wani ce. Amma Abarta da Abarshi da Barau roƙo ne a fili, a bar mana wannan. Dangana da Dogara kuwa sun riga sun miƙa al'amari ga Mai shi. Dukkansu sunayen 'ya'yan wabi ne. Wabi kuwa, ga wanda bai sani ba, kalma ce da manomi ma ke amfani da ita, in itaciya tana zubar da 'ya'yanta tun ba su nuna ba sai ya ce tana wabi, haka nan macen da take haihuwa 'ya'yan suna komawa tun suna goye ko da an yaye su.

Sai mutum ya kwatanta halin irin wannan mace kafin ya yi wa sunan hukunci. Ta haifi na fari, an yi suna, an yanka rago, bai kai yaye ba ya koma. Na biyu ya fara rarrafe, zazzaɓin damina ya ɗauke shi. Na uku ko cibiya ba ta faɗi ba. A ciki na huɗu babu mai yi mata barka da ƙarfi, ita ma ba ta yarda ta tanadi ko ɗan zanen goyo. To, ran da ta sauka, in mace ce, sai kakar jaririyar ko ungozoma ta naɗe ta cikin tsumma, da gangan ba a sa mata sabon zane, ta fita da ita ta bayan gida zuwa juji inda ake zubar da toka da shara, ta ajiye ta bisa wani tsohon faifai, ta ɗaga murya yadda duk mai kunne, na fili da na ɓoye, zai ji, ta ce da harshen mutanen wannan yanki, "Wagga ɗiya ba tamu ta ba, ba mu son ta, a yashe ta!" Sa'an nan ta juya baya kamar ta tafi. Nan take wata tsohuwa ta maƙwabta, wadda tun farko an shirya da ita tana laɓe jikin danga, za ta fito ta ɗauka ta ce ta yi tsintuwa, daga baya a kai mata 'yan kuɗi ko ƙwaryar gero a fanso yarinyar, ko a ce an ba uwar riƙo ne kawai. Duk abin bai fi ɗan lokacin da za a sha ruwa a ajiye moɗa ba, uwar kuwa tana ɗaki gabanta na faɗuwa har a dawo da ita.

Dalilin wannan hila shi ne aƙidar da mutanen da can suka riƙe, cewa akwai abin da ke bin macen yana ɗauke mata abin da ta fi so, ko iska, ko maye, ko bakin mutane, kuma abin nan ba ya kula da abin da masu shi suka raina. Wasu kuma suna cewa ai yaro ɗaya ne yake ta zuwa yana komawa don ya wahalar da uwarsa, saboda haka akan yi wa ɗan wabi wata 'yar tsaga daban da ta gidansu, ko a huda kunnen namiji, ko a sa masa ƙarfe a ƙafa, wai don abokan tafiyarsa su ƙi shi, shi kuma ya ji kunya ya zauna. Malaman tsibbu ma suna da nasu suna ga wannan abu, Ummus Sibyani, suna rubuta laya dominta.

Ba Bahaushe kaɗai ya yi wannan dabara ba. Yarabawa suna kiran irin waɗannan yara abiku, kuma Sarkin Ikko Kosoko, wanda Turawan Ingila suka kora daga gadonsa da igwa a 1851, ma'anar sunansa ita ce babu fartanya, wato ba abin haƙa kabari, sai ka haƙura ka zauna. A ƙasar Senegal akwai marubuciyar da ta zaɓi ta sa wa littattafanta sunan Ken Bugul, wanda da harshen Wolof yake nufin ba mai so. A nan gida kuwa irin sunan bai taɓa hana kowa girma ba: da sunan Bawa duniya ta san Jan Gwarzo, Sarkin Gobir na Alƙalawa, da sunan Abarshi aka san Sarkin Yawuri Abdullahi, haka Sulaimanu Barau, Sarkin Abuja, wanda garin Suleja ya ci sunansa.

Abin da ya sa wannan suna ya fi ba ni sha'awa a ƙasar Giyawa bisa ga sauran wurare shi ne, ƙasar tana zaune ne tsakanin gidaje biyu masu ƙarfi. In ka bi gulbin Rima ka yi sama za ka iske kufan Alƙalawa, birnin Gobirawa, inda Inna, 'yar gidan sarauta, take shugabantar bori da al'amuran mata har birnin ya faɗi a hannun jama'ar Shehu a 1808. In ka gangaro kuwa ga Wurno, ribaɗin da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya gina ya zauna a cikinsa har ya rasu a 1837, kabarinsa yana nan ana ziyara. Matan ƙauyukan da ke tsakani, waɗanda kakanninsu suka saba kai kukan haihuwa wurin masu bori, su ne 'ya'yansu da jikokinsu suka zama 'Yan Taru, suna tafiya ƙungiya ƙungiya bayan jajinsu, wato jagorarsu, mai malfa, ɗauke da zuma da man shanu da hatsi na sadaka, zuwa wurin Nana Asma'u 'yar Shehu don su koyi tsarki da salla da tarihin Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. Asma'u ta san cewa ba a raba mace da abin da take dogara da shi a ranar tsoro sai an ba ta madadinsa, shi ya sa ta wallafa Tabshirul Ikhwani a kan neman waraka da surorin Alƙur'ani, ɗan'uwanta Bello kuma ya yi talifi da yawa a kan ilmin tibbi.

Ita kanta Asma'u akwai darasi a cikin sunanta. An haife ta a 1793, tagwaye ne ita da ɗan'uwanta Hasan, kuma bisa al'ada da sunan tagwaye za a kira ta, amma Shehu ya zaɓa mata sunan Asma'u 'yar Sayyidina Abubakar. A gidan da ake auna suna da irin wannan ma'auni, babu yadda za a yi malami ya buɗe baki ranar bakwai ya raɗa wa jaririya Ayashe. Hujjarsu kuwa a bayyane take. Ya tabbata a hadisi cewa Manzon Allah yana son kyakkyawan fata yana ƙin camfi, ya canja sunan wata 'yar Sayyidina Umar daga Asiya, mai ma'anar mai saɓo, zuwa Jamila, kuma kakan Sa'idu ɗan Musayyabi, wanda ake kira Hazanu, wato tsauri, da aka ce ya koma Sahalu ya ƙi, jikan nasa ya ce tsaurin bai rabu da zuriyarsu ba. Wanda ya ƙudurta cewa juji yana kautar da ajali, lalle ya taɓa tauhidinsa, kuma Annabi da kansa ya binne Alƙasim da Abdullahi da Ibrahim suna ƙanana bai ɓoye kowa ga ƙaddara ba.

Amma sunan bai mutu ba, domin Bahaushe yana da ɗaki biyu na ajiye suna. Akwai sunan yanka, wanda maza ke taruwa a ƙofar gida da hantsi a raba goro, liman ya yi addu'a ya faɗa, maroƙi ya ɗaga murya ya sanar, wanzami ya yi aski, a yanka rago, kusan yadda Risala ta Ibnu Abi Zaidin ta tsara babin aƙiƙa. Akwai kuma sunan cikin gida, wanda ba a yanka masa ko kaza, ba kuwa a shawarci liman a kansa, na kakanni ne da gwaggwanni. Sai ya zama yarinya tana Fatsima ko Hadiza a zaure, tana Ayashe a tsakar gida, malamai sun kau da kai, tsofaffi mata kuma sun bar musu zaurensu. A ganina wannan sulhu, wanda ba wanda ya zauna ya ƙulla shi, ya fi gardama hikima, don kuwa galibin matan da suka kira 'ya'yansu da sunan nan masu salla ne da azumi, sun san sarai wanda ke rayawa da kashewa, abin da ke bakinsu tsoro ne na wadda ta sha binne 'ya'ya, ba aƙida ba.

Game da ɗabi'a kuwa, mutane sun haɗu a kan cewa Ayashe takan tashi da shagwaɓa da taurin kai da saurin fushi, ba ta ɗaukar raini, in ta ce a'a sai a haƙura. Suna jingina wannan ga sunan, ko ga abokanta na ɓoye. Ni dai ina ganin ba sai an je da nisa ba. Yarinyar da aka hana kowa ya ɗaga mata hannu don kada ta yi zuciya ta koma, wadda ba a aikenta rijiya, ba a barinta ta yi kuka har ya yi tsawo, wadda in an yanka kaza ita ke da hanta, in kaka ta dawo daga kasuwar Goronyo ƙullin da ke bakin zanenta nata ne, ina za ta koyi lallashin mutane? Wadda aka ce a yashe, ita ce 'yar lelen gida, kuma kowa a gidan ya sani, har ita. Sai dai na lura irin waɗannan mata, in girma ya zo, sukan zama masu faɗa a ji a cikin dangi, la'alla don sun tashi ba su san shakkar kowa ba.

Abin da ke bin matan nan kuwa, yanzu an san sunayensa. Fadamar da ke ba mutanen Giyawa da Wurno shinkafa da albasa da tafarnuwa, ita ce kuma ke kiwon sauro, zazzaɓinsa kuwa ya fi ƙarfi a kan ƙananan yara daga tsakiyar damina zuwa kaka. Akwai baƙon dauro, akwai sanƙarau na bazara, akwai agana wadda sai a 1980 aka yi shelar an kawar da ita daga duniya, akwai cutar da ke shiga ta cibiya in an yanke ta da aska marar tsabta jariri ya sandare cikin kwanakinsa na farko. Amma wadda ta fi kama da labarin yaro mai zuwa yana komawa ita ce amosanin jini, sikila, wadda wani likita a Amurka, James Herrick, ya fara bayyana siffarta a 1910. In uwa da uba duka suna ɗauke da irinta, ko da su lafiyarsu lau, kowane ciki yana da kaso ɗaya cikin huɗu na fitowa da cutar, kuma a inda auren zumunci ya yawaita haɗuwar irin biyu ba ta da wuya. Ciwo iri ɗaya, kumburin hannu da ƙafa iri ɗaya, a ɗaki ɗaya, ba mamaki tsofaffi su ce ai shi ne ya dawo.

Rigakafi da gidan sauro da gwajin jini kafin aure sun rage wabi, wa'azi ya rage zuwa juji, amma abin da ya ƙarasa sunan, a zatona, alƙalami ne. Tun da aka buɗe makarantun firamare ga kowa a 1976, rajista sunan yanka take nema, haka katin asibiti da katin zaɓe, kuma sau da yawa in tsohuwa ta ce Ayashe, yaron da ke rubutu, wanda bai taɓa jin sunan ba, sai ya rubuta Aisha ya wuce. Kuskure ne, amma ban iya jin haushinsa sosai ba, don A'ishatu a Larabci ma'anarta rayayya, mai rai, wato daidai abin da kakar nan take nufi sa'ad da ta tsaya bisa juji tana faɗin kishiyarsa.

Mai karatu, in kana da kaka ko gwaggo da ake kira Ayashe, ko Abarta, ko Ajuji, je ka gaishe ta tun tana da sauran ƙarfi, ka tambaye ta yayyenta nawa suka riga ta zuwa suka koma, da sunayensu, da wadda ta tsince ta, ka rubuta ka ajiye wa 'ya'yanka.