Dorothy Kilgallen, 'Yar Jarida a Kujerar Kacici-kacici

A 1950, shekara tara kafin talabijin ya iso Ibadan, gidan CBS na Amurka ya fara shirin What's My Line?, inda mutum huɗu kan yi wa baƙo tambayoyi har su gano sana'arsa. Dorothy Kilgallen tana cikinsu tun ranar farko har rasuwarta a 1965.

Da wannan kujera aka fi tunawa da ita, alhali a jarida ta yi aikinta mafi nauyi. Ta bi shari'ar Dakta Sam Sheppard a 1954, wanda aka ɗaure bisa kisan matarsa. Daga baya ta fallasa cewa alƙalin ya gaya mata, tun kafin a fara shari'ar, cewa likitan mai laifi ne. Wata bakwai bayan rasuwarta, Kotun Ƙoli ta soke hukuncin.