Juma'ar Fushi: Waiwaye Kan Ranar 28 Ga Janairu, 2011

'Yan'uwa mazauna birane, waɗanda suka manyanta a cikinmu za su tuna cewa a ƙarshen watan Janairu na 2011 hankalinmu a nan gida yana kan rajistar masu zaɓe, ana ta fama da dogon layi da na'urorin da suka ƙi karɓar yatsun dattawa. Amma a daren Juma'a, 28 ga wata, da muka kewaye akwatin rediyo kamar yadda muka saba, sai muka ji labarun duniya sun zama tamkar labari guda. Daga Alƙahira zuwa Amman, daga Tunis zuwa San'a, maganar ke nan: talakawa sun fito kan titi suna neman masu mulki su sauka. Wannan rana muke son mu waiwaya, domin yanzu da ƙura ta lafa an fi ganin abin da ya faru.

Wutar daga Tunisiya ta taso. A ranar 17 ga Disamba, 2010, wani saurayi mai tallar kayan marmari a garin Sidi Buzid, Muhammad Bu'azizi, ya cinna wa kansa wuta bayan jami'ai sun ƙwace masa kayan sana'a. Ya rasu 4 ga Janairu. Kwana goma bayan haka Shugaba Zainul Abidina Ben Ali, wanda ke kan mulki tun 1987, ya tsere zuwa Jidda. Ganin haka sai maƙwabta suka gane ashe dodon da ake tsoro shi ma yana jin tsoro.

A Masar kuwa, tulun ya riga ya cika. Husni Mubarak ya hau mulki a watan Oktoba na 1981 bayan kisan Anwar Sadat, kuma tun daga lokacin ƙasar take ƙarƙashin dokar ta-ɓaci, wato yaron da aka haifa a shekarar ya kusa cika talatin bai taɓa sanin wata doka ba sai ita. A watan Yuni na 2010 'yan sanda suka lakaɗa wa wani matashi mai suna Khalid Sa'id duka a Iskandariya har ya mutu, hotonsa ya bazu a Facebook. A zaɓen majalisa na ƙarshen shekarar, 'Yan'uwa Musulmi da suka samu kujeru 88 a 2005 suka tashi kusan hannu rabbana. Ga raɗe-raɗin cewa ana shirya wa Jamal, ɗan shugaban, gadon kujera. Uwa-uba ga tsadar abinci, a ƙasar da kalmar da suke kiran gurasa da ita, "aish", ita ce kuma ma'anar rayuwa. Duk shugaban Masar ya san abin da ya faru a 1977, lokacin da Sadat ya janye tallafin abinci, tarzomar kwana biyu ta tilasta masa ya mayar.

An fara fita ranar Talata, 25 ga wata, wadda da gangan aka zaɓa domin ita ce ranar bikin 'yan sanda. Amma Juma'a ce ta raba gardama. Tun cikin dare gwamnati ta katse intanet, da safe aka rufe layukan wayar salula, da nufin kada matasa su san inda za su haɗu. A ganinmu babu kuskuren da ya kai wannan. An manta cewa ranar Juma'a ba a bukatar saƙon waya kafin jama'a su taru. Ladan ya isa. Daɗin daɗawa, uban da ya kasa samun ɗansa a waya dole ya fito nemansa, sai ga shi shi ma a cikin taro. Ana sallame salla masallatai suka amayar da dubban mutane zuwa tituna. A kan gadar Ƙasrun Nil, wadda ke kaiwa dandalin Tahrir, aka shafe sa'o'i ana turereniya, har aka ga sahun masallata ana fesa musu ruwa daga motocin 'yan sanda ba su watse ba. Kafin magariba ƙarfin 'yan sanda ya ƙare, suka janye. Aka sa dokar hana fita a Alƙahira da Iskandariya da Suwez, ba wanda ya kula ta. Hedikwatar jam'iyya mai mulki da ke bakin Kogin Nilu ta kama da wuta. Sai ga tankokin soja sun shigo gari, jama'a na yi musu tafi, wasu har suna hawa kai ana ɗaukar hoto.

Wannan tafi, mai karatu, a riƙe shi a zuciya, za mu dawo kansa.

A ranar dai, dubban mutane sun yi jerin gwano a Amman kan tsadar rayuwa, kuma ranar 1 ga Fabrairu Sarki Abdullahi ya sallami Firayim Minista Samir Rifa'i. In gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. A Tunis 'yan sanda suka tarwatsa masu zaman dirshan a ƙofar ofishin firayim minista. A Yaman, kwana guda kafin nan, an cika titunan San'a ana kiran Ali Abdullahi Saleh, mai mulki tun 1978, da ya tafi.

Bayan tsakar dare Mubarak ya fito a talabijin ya rusa majalisar ministocinsa, kashegari ya naɗa Umar Sulaiman mataimaki, muƙamin da ya bari a wofi shekara kusan talatin. Bai yi amfani ba. Ranar 2 ga Fabrairu aka sako wa masu zanga-zanga mahaya raƙuma da dawakai, shi ma bai yi amfani ba. Da ma'aikata suka tsunduma yajin aiki a faɗin ƙasa, ranar 11 ga Fabrairu Sulaiman ya karanta 'yan jimloli kaɗan cewa shugaba ya sauka ya miƙa ragama ga majalisar ƙoli ta soja. Kwana 18 ke nan. Kwamitin binciken gwamnati ya ƙidaya rayuka 846.

To, a nan ne darasin tarihin ya fi nauyi. Taron Tahrir ya haɗu a kan kalma ɗaya, "ka tafi", amma bai da shugaba, bai da jam'iyya, bai da yarjejeniyar abin da za a yi kashegari. Duk wanda ya taɓa riƙe makaranta ya san cewa ɗalibai na iya haɗa baki su kori shugaban ɗalibai a yini guda, amma jadawalin darasi na hannun wanda ke da maɓallin ofis. A Masar masu tsari biyu ne kawai: soja da 'Yan'uwa Musulmi. Na biyun suka ci zaɓe, Muhammad Mursi ya zama shugaba a watan Yuni na 2012. Shekara guda bayan haka aka sake cika tituna, a wannan karon a kansa, kuma ranar 3 ga Yuli, 2013, Janar Abdul Fattah al-Sisi ya tuɓe shi, aka sake yi wa tankoki tafi. Ranar 14 ga Agusta aka kashe ɗaruruwan magoya bayan Mursi a dandalin Rabi'atul Adawiyya. Mursi ya faɗi ya rasu a cikin kotu a 2019. Mubarak, wanda aka yanke wa ɗaurin rai-da-rai a 2012, an wanke shi a 2017, da ya rasu a 2020 aka yi masa jana'izar soja.

Tunisiya ce ta fi jimawa a kan hanya, kuma ba don komai ba sai don tana da tsohuwar ƙungiyar ƙwadago mai ƙarfi wadda, tare da lauyoyi da 'yan kasuwa da masu kare haƙƙin ɗan'adam, ta zaunar da 'yan siyasa har aka samu tsarin mulkin 2014. A kan haka aka ba su lambar Nobel a 2015. Ko ita ma, a watan Yuli na 2021 Shugaba Ƙais Sa'id ya dakatar da majalisa. Labarin Yaman da Libiya da Siriya kuwa na yaƙi ne, ya fi ƙarfin wannan shafi.

Ita kuwa hedikwatar jam'iyyar da aka ƙona a waccan Juma'a, ta yi shekara huɗu tana tsaye baƙi ƙirin kafin a rushe ta a 2015. Tun 2013 aka kafa dokar da ta ƙuntata zanga-zanga, kuma a 2020 aka ɗauko wani dogon ginshiƙin dutse na zamanin Fir'auna Ramsis na Biyu aka kafa shi a tsakiyar dandalin Tahrir, aka kewaye shi da gumaka huɗu masu kan rago da aka kawo daga Karnak.