Zahiri da Baɗini a Zauren Larry Sanders

Tun daga shekarar 1954, sa'ad da gidan talabijin na NBC ya buɗe shirin nan mai suna Tonight a hannun Steve Allen, mutanen Amurka suka ɗauki wata al'ada wadda har yau ba su sake ta ba, watau idan dare ya yi nisa, kafin su kwanta, sai su kunna akwati su kalli wani mutum mai fara'a yana zaune bayan teburi yana hira da mashahuran ƙasa. Jack Paar ya gaji Allen, sa'an nan a 1962 kujerar ta faɗa hannun Johnny Carson, wanda ya riƙe ta shekara 30, har tsarinsa ya zama ka'ida ga duk wanda ya biyo baya: a yaye labule, mai gida ya fito ya yi barkwanci a kan labarun yini, makaɗa su buga, mataimakinsa Ed McMahon ya ƙyalƙyace da dariya, daga nan baƙi su riƙa shigowa ɗaya bayan ɗaya. Kowa ya san baƙon nan bai zo don zumunci ba, ya zo ne tallar sabon fim ko littafi, kuma galiban an riga an tattauna da shi a kan abin da za a tambaye shi tun kafin ya zauna, amma sharaɗin sana'ar shi ne su duka biyu su nuna kamar aminai ne da suka daɗe ba su gamu ba. Irin wannan ne malamai ke kira mudahana, sai dai a nan an mayar da ita sana'a mai albashi.

Abin da ya kafu haka lalle ba ya rasa mai yi masa shaguɓe. A 1977 Norman Lear ya fito da Fernwood 2 Night, inda Martin Mull da Fred Willard suka kwaikwayi masu hirar dare na wani ƙaramin gari na ƙage a jihar Ohio, da baƙi marasa kan gado da makaɗa masu ban tausayi. A Ingila kuma Steve Coogan da abokan aikinsa suka ƙago Alan Partridge, mai gabatarwa wanda ba ya buɗe baki face ya ɓata wa baƙo rai, wanda shirinsa ya tashi daga rediyo ya hau talabijin na BBC a 1994, kuma ya ƙare da harbe wani baƙo bisa kuskure ana tsakiyar hira. Duk waɗannan sun ba da dariya ƙwarai, amma hanyarsu ɗaya ce: su nuna wanda bai iya aikin ba. Mai kallo yakan yi dariya ya tashi yana ganin aibin na wawan ne, sana'ar kuwa ba ta da laifi.

Wanda ya sauya wannan lissafi shi ne Garry Shandling, haifaffen Chicago a 1949, wanda ya girma a Tucson ta jihar Arizona, ya fara da rubuta wa wasannin talabijin barkwanci kafin ya soma tsayawa gaban jama'a da kansa. A 1981 ya fara bayyana a shirin Carson, kuma bai daɗe ba ya shiga sahun waɗanda ake ba riƙon kujerar idan mai ita ya tafi hutu, saboda haka ya san gidan ciki da bai, ya san abin da ake faɗa idan an kashe fitila. Zamanin ma ya taimake shi, domin a watan Mayu na 1992 Carson ya yi ban kwana, aka naɗa Jay Leno a gurbinsa alhali jama'a da yawa suna zaton David Letterman ne magaji, rigimar gadon ta cika jaridu, har daga bisani Letterman ya yi ƙaura zuwa CBS. Ƙurar ba ta kwanta ba, ran 15 ga Agusta na 1992, sai tashar HBO ta fara nuna The Larry Sanders Show, wanda Shandling ya ƙirƙira tare da Dennis Klein.

Hikimar shirin tana cikin wata dabara mai sauƙin faɗa. Larry Sanders, mai shirin hirar dare wanda Shandling ke fitowa a matsayinsa, gwani ne, barkwancinsa na ba da dariya ta gaske, hirarsa kuma da an ɗora ta a kowace tasha da ta karɓu. Wannan sashe, wanda shi ne zahiri, an ɗauke shi da bidiyo mai haske da ƙyalli, daidai yadda ido ya saba gani a shirye-shiryen dare. Da zarar an tafi hutun talla kuwa, sai hoton ya juye ya zama na fim irin na silima, mai ɗan duhu da kauri, a ga murmushi ya zube daga fuskar Larry, baƙon da aka rungume yanzun nan ya zama wanda ba a san abin da za a ce masa ba, su zauna kafaɗa da kafaɗa kowa na duban gabansa har makaɗa su sake bugawa. Ba a sanya dariyar nan da ake naɗewa a faifai don tunasar da mai kallo inda zai dara ba, kuma tun da HBO tasha ce da ake biyan kuɗi kafin a kalla, babu masu talla da za a ji tsoron fushinsu, sai aka bar ma'aikatan suna ashar da gulma yadda aka san ana yi a bayan fage.

Mutum uku ne ginshiƙan gidan. Larry kansa bawan yabo ne: idan ya koma gida da dare yakan kwanta ya kalli shirinsa, ba ya iya korar ma'aikaci da bakinsa sai ya aiki wani, matansa kuwa sukan gaji da zama da mutumin da ba ya ganin kowa face hotonsa. Artie, furodusan shirin, wanda Rip Torn ya fito a matsayinsa, tsohon hannu ne mai zaƙin baki gaban manyan tashar, mai zagin su da zarar sun juya baya, aikinsa dare da rana shi ne ya tsare Larry daga gaskiyar da za ta hana shi fitowa gaban labule. Amma a ganina gwanintar marubutan ta fi bayyana a kan Hank Kingsley na Jeffrey Tambor, mataimakin da ke zaune a gefe, wanda duk mai sanin fada zai gane shi nan take, domin bafade ne sak, abincinsa na cikin dariyar da yake yi wa maganar ubangidansa, zuciyarsa kuwa cike take da hassada da ujubu. Yakan sayar da sunansa ga kowane irin talla, har ya buɗe gidan abinci mai juyawa a kan titi, inda babu abin kallo komai yawan juyin. Akwai daren da Larry bai sami fitowa ba aka ba Hank kujerar, ya hau da tsoro da tawali'u jama'a suka so shi. Kafin gari ya waye girman kai ya cika shi, dare na biyu ya zubar da kome. Duk da haka ba a taɓa barin mai kallo ya tsane shi sarai ba, domin ƙasƙancin da yake haɗiyewa a fili yake.

Wani abin mamaki shi ne mashahurai na haƙiƙa sun riƙa zuwa da sunayensu na gaskiya suna yarda a nuna su da rowa, da riya, da ƙananan halaye. David Duchovny ya fito a matsayin kansa yana nuna wa Larry wata irin ƙauna da ta hana shi sakat, Jim Carrey kuma ya zo a kashi na ƙarshe. Lalle a nan akwai abin zargi kaɗan, domin tauraron da ya yarda a yi masa zambo yakan tashi da ribar a ce shi mai sauƙin kai ne, ta haka zambon ya koma wani nau'i na madahu. Shandling kansa dai ya tsaya a kan bakansa: da Letterman ya bar NBC a 1993 an yi wa Shandling tayin kujerar da Letterman ya bari, ya ƙi, ya zaɓi ya ci gaba da riƙe ta ƙarya, Conan O'Brien ya sami ta gaskiyar.

Shirin ya yi zango 6, ya rufe ran 31 ga Mayu 1998. An sanya sunansa a takarar lambar Emmy sau 56, ya ci 3 kacal, ɗaya ta Rip Torn, biyu kuma na rubutu da ba da umarni a kashin ƙarshe. Ricky Gervais, mai The Office, ya sha bayyana cewa ya ɗebi darasi daga gare shi, Judd Apatow kuwa, wanda ya yi aikin rubutu a gidan, shi ne ya shirya fim a kan rayuwar Shandling a 2018, shekara biyu bayan rasuwarsa. A cikin labarin zangon ƙarshe, manyan tashar sun gaji da Larry, suna ta renon wani matashi mai riƙon ƙwarya don ya gaje shi, matashin nan kuwa Jon Stewart ne da sunansa na gaskiya. A watan Janairu na 1999 Stewart ya karɓi The Daily Show, ya zauna bayan teburinsa har 2015.