Kano da Ƙasar Andalus

Wanda ya ratsa unguwannin cikin birnin Kano da hantsi a watan azumi, ya ji malami yana karanta Ashafa, almajirai sun kewaye shi, ba lalle ya san cewa mai littafin nan ya taɓa yin alƙalanci a wani birni na ƙasar Turai ba. Sunansa Alƙali Iyal, birnin kuwa Garnaɗa, a ƙasar da Larabawa ke kira Andalus, wadda yanzu a ke ce da ita Sifen.

Ga yadda abin ya faro. A shekarar 711 wani jarumi, Ɗariƙu ɗan Ziyadu, ya ƙetare mashigin teku daga Maroko da runduna, ya ci yaƙi. Dutsen da ya sauka gindinsa har yanzu da sunansa a ke kiransa, watau Jabal Ɗariƙ, wanda Turawa suka mayar Gibraltar. Daga ran nan Musulmi suka riƙe sarauta a ƙasar, wani lokaci kusan dukanta, wani lokaci ɗan yanki, har shekara 781. Suka gina Ƙurɗuba da masallacinta mai ginshiƙai barkatai, ilmi ya bunƙasa, Musulmi da Kirista da Yahudawa suna zaune gari guda, ko da ya ke ba kullum cikin lumana ba.

Sannu a hankali sarakunan Kirista na arewa suka yi ta karɓe garuruwa. Ƙurɗuba ta faɗi a 1236, aka mai da masallacin majami'a. Garnaɗa kaɗai ta rage, ita ma ran 2 ga Janairu, 1492, sarkinta Abu Abdullahi ya miƙa mabuɗanta ga Sarki Ferdinand da Sarauniya Isabella. Cikin shekarar nan aka kori Yahudawa, cikinta kuma Kolumbus ya tashi da jiragen ruwa uku ya isa Amurka. Jikokin Musulmin da suka saura, waɗanda aka tilasta wa sauya addini, su ma aka kore su tsakanin 1609 da 1614, mutum wajen 300,000.

A sa'ad da Garnaɗa ke faɗuwa, Muhammadu Rumfa ke sarautar Kano, wanda ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499. Shi ya faɗaɗa ganuwa, ya gina gidan sarki da a ke kira da sunansa, ya kafa kasuwar Kurmi, ya kuma karɓi Shehu Magili mutumin Tilimsan. Watau lokacin da fitilar ilmi ke mutuwa a can, a nan a ke hura ta.

Littattafan Andalus suka biyo ayarin raƙuma. Tarihin Kano ya ce a zamanin Sarki Muhammadu Kisoke, wanda ya hau gado a 1509, Shehu Tunusi ya kawo Ashafa ƙasar Hausa. Ba ita kaɗai ba ce kuwa. Ishiriniya, da a ke rerawa a daren Mauludi har tsofaffi su yi ta hawaye, asalinta na Alfazazi ne, haifaffen Ƙurɗuba, wanda ya rasu a 1230. Alfiyya, wadda ɗalibin nahawu ke haddace baitocinta dubu, ta Ibn Malik ce, mutumin Jayyan. Muwaɗɗa kanta, ruwayar da aka fi karantawa ta Yahaya ɗan Yahaya ce, malamin Ƙurɗuba. Sa'an nan ga Tuhfatul Hukkam, wadda alƙalan ƙasar Hausa suka daɗe suna dubawa kafin su yanke hukuncin gado ko na ciniki. Ibn Asim, alƙalin Garnaɗa, ya tsara ta, ya rasu a 1426. Abin mamaki, kotun da aka rubuta littafin dominta ta shuɗe shekaru fiye da 500, amma a Kano gonar wani ko rabon maraya na iya rataya ga baiti guda na cikinsa.

Garnaɗa kuma ita ta haifi mutumin da ya sa masu karatu a Turai suka san sunan Kano. Shi ne Alhasan ɗan Muhammadu Alwazzan. Iyayensa suka yi hijira da shi zuwa Fas yana yaro, ya girma ya zama matafiyi. A 1518 'yan fashin teku suka kama shi, suka kai shi Rum wurin Paparoma Leo na Goma, aka yi masa baftisma, aka riƙa kiransa Leo Africanus. Ya gama littafinsa na bayanin Afirka a 1526, aka buga shi a Venis a 1550. A ciki ya ce ganuwar Kano da gidajenta na ƙasa ne, mutanenta attajirai ne masu ladabi, ƙasar kuma tana da hatsi da shinkafa da auduga. Ya ƙara da cewa Askiya na Sangai ya ci Kano, ya ɗora mata haraji. To, wannan magana Tarihin Kano bai ambace ta ba ko kaɗan, shi ya sa masana da yawa ke ganin labari ya ji a bakin fatake, bai taka birnin da ƙafarsa ba.

Wani ɗan Sifen kuma ya taɓa arzikin Kano ba da nufi ba. Judar Basha, wanda aka kama yana yaro aka raine shi a fadar Maroko, shi Sarki Ahmadu Almansur ya ba runduna ta wajen mutum 4,000, da yawansu 'yan Andalus masu bindiga. A 1591 suka karya Askiya Isiyaku na Biyu a Tondibi. Daular Sangai ta wargaje, hanyoyin yamma suka yi hatsari, fatauci ya ƙara karkatowa gabas zuwa Katsina da Kano. Faɗuwar wani, tashin wani.

Su kuwa mutanen Sifen suka kai harshensu Meziko da Peru da Ajantina da sauransu, har ya zama harshen hukuma a ƙasashe 20, ciki har da Gini Ikwatoriya, maƙwabciyar Nijeriya ta bakin teku. Da azurfar Amurka suka riƙa buga dalarsu, ta zaga duniya. Sa'ad da Dokta Barth ya shiga Kano a 1851, ya tarar ana canza dala guda ta Sifen da wuri 2,500 a kasuwa.

Sun kori Larabawa, amma ba su iya korar Larabci daga bakinsu ba, gama kalmomi dubbai sun riga sun zauna. Masanansu sun daɗe suna gardama, shin Andalus baƙuwa ce da ta zo ta tafi, ko kuwa tana cikin jinin ƙasar. Ko ma wace ce, Bahaushen da ya je can zai ji suna kiran zaitun aceituna, sukari kuma azúcar. Magajin gari, daga Madrid har Lima, sunansa alcalde, daga kalmar nan ta Larabci da Kanawa suka mayar alƙali.